Kuruwar dinamo tana tsuwa da asuba, ga tafiyar Tanut ranar Juma'a

Mushe Laminu:
Assalamu alaikum ƴan'uwa, barkanmu da dare. Shawara nake nema wurin masu sani. Motata Corolla ce ta 1995, mai injin 4A. Yau sati uku ke nan, duk asubar da na tada ta zan kai yara lakkol sai ta fasa wata tsuwa mai tsini daga gaba. Takan yi kamar minti ɗaya sannan ta yi shiru. In na kunna manyan fitilu da dare, nan ma takan taɓa yi. Sau biyu ina kai ta wani gareji, yaron da ke wurin ya ce kuruwar dinamo ce ta saki, wato robar nan da ke juya dinamo mai cika batir, ya ɗaure ta. Kowane karo kwana huɗu ko biyar take yi lafiya, kukan ya dawo. Ɗazu da magariba ina fitowa daga Birni sai na ga jar fitilar batir ɗin nan ta tablo tana kawowa tana ɗaukewa. Abin da ya tada min hankali, gata ranar Juma'a zan kai Inna da iyali Tanut, sunan ɗan ƙanwata. In koma a ƙara ɗaurewa ne, ko canza ta zan yi? Kuma na buɗe kapo na ga kuruwa har uku, ban san wacce ake nufi ba.

Abdu Taksi:
Wa alaikumus salam Mushe. Kwantar da hankalinka, hunturu ne. Roba takan ƙame da sanyin asuba. Samu busasshen sabulun wanki, ka tada mota, ka ɗan goga wa kuruwar ta ciki tana juyawa. Nan take za ta yi shiru. Ni haka nake yi wa Starlet ɗina.

Baba Ilu Makanike:
Abdu ɗana, don Allah kada ka ƙara ba wa kowa wannan shawarar. Na farko, ba a kai hannu wurin kuruwa inji na aiki. Na ga yatsa biyu da puli, wato faifan ƙarfen da kuruwa ke hawa kansa, ya cinye a gabana, yaro ne da bai kai shekara 20 ba, kuma na ga wanda bakin rawaninsa ya sauka ciki yana leƙe, da ƙyar aka kashe inji kafin ya shaƙe shi. Na biyu, sabulu ba ya gyara komai. Kuruwa tana kuka ne saboda tana zamewa a kan puli. Ka sa mata sabulu, ta ci gaba da zamewa, sai dai yanzu ba ka ji. Ka toshe mata baki ke nan, ciwon yana nan.

Malam Laminu, jar fitilar nan da ka gani ita ta fi damuna, ba tsuwar ba. Ma'anarta a wannan lokacin dinamo bai cika batir. Kada ka kama hanyar Tanut da tsohuwa a mota sai an duba.

Abdu Taksi:
Baba ku yi haƙuri, na ji maganar hannu, gaskiya ce. Amma mu masu taksi ba kullum ake da kuɗin sabuwar kuruwa ba. Fasinja ba ya son shiga mota tana ihu. Dole mutum ya yi dabarar da za ta kai shi yamma.

Baba Ilu Makanike:
Na sani Abdu, shekara nawa muna tare da ku. Amma kai tsakanin Dole da Karkada da Garin Malam kake zagaye, in ta tsinke ka tura mota gefe ka kira ni. Shi kuwa kilomita wajen 150 zai yi, in ya wuce Bakin Birji wa zai kira?

Nura Wayarin:
Salam. Ni ɗan Zango ne amma a Kano na koyi aikin wutar mota, can fambel suke ce mata, dinamon kuma altaneta. Mushe, bari in gaya maka dalilin da ya sa da asuba take yi, don ka san ba sanyi kaɗai ba ne. Lokacin da ka murɗa kontak, demarer yana zuƙar wuta mai yawa daga batir. Inji na kamawa sai dinamo ya shiga biyan wannan bashi, kuma yawan wutar da ake nema wurinsa, yawan nauyin juya shi. To a wannan mintin farko ne ya fi tauri. Kuruwa mai lafiya za ta ja shi haka nan, wadda ta gaji sai ta zame ta yi tsuwa. Da batir ya ɗan farfaɗo sai nauyin ya ragu ta yi shiru. Shi ya sa ma take yi in ka kunna manyan fitilu. Duk labari ɗaya ne.

In ka biyo ta wurina gobe zan ɗora maka mita. Mota a kashe batir mai lafiya yana nuna wajen volt 12.5 ko 12.6. Inji na aiki ya kamata a ga tsakanin 13.8 da 14.4. In muka kunna fitilu da fanka ya faɗo ƙasa da 13, to ko kuruwa ko dinamon kansa.

Mushe Laminu:
Na gode ƙwarai. Baba Ilu, to ta yaya zan gane ta a cikin ukun? Ina son in gani da idona kafin in sake kai ta ko'ina.

Baba Ilu Makanike:
Madalla, haka nake son mai mota. Ka bari sai da safe, inji ya kwana ya huce. Zare kontak ka sa a aljihu, don fankar radiyata ta waɗannan motoci ta wuta ce, kada wani ya murɗa kana ciki. Naɗe hannun riga. Ka tsaya gaban mota, kuruwoyin duk suna ta hannunka na hagu, wato gefen mai zaman banza. Kada ka fara neman kuruwa, nemi dinamo tukuna. Wani ƙarfe ne fari-fari na alminiyam, girmansa bai wuce ƙaramar ƙwarya ba, jikinsa duk tagogi, in ka leƙa za ka hango jar waya a naɗe ciki. A bayansa akwai waya mai kauri ɗaure da noti, da fulogi a gefenta. A taka yana sama ta wajen radiyata. Kuruwar da ta hau kan pulinsa, ita ce. Bi ta da ido, za ka ga ta sauka ƙasa ta kama babban pulin inji, ta kuma zagaya pulin pompon ruwa. Sauran biyun, ɗaya ta kilim ce, ɗaya ta pompon volan.

Riƙe wannan da kyau: a motarka kuruwar da ke juya dinamo ita ke juya pompon ruwa. In ta tsinke ba wutar batir kaɗai ka rasa ba. Da rana batir zai iya ɗan jan ka wani lokaci, amma ruwa ya daina zagayawa, cikin ƴan mintuna allurar zafi za ta haye ja. Direban da ya ce bari in lallaɓa in kai gari, shi ke ƙone kan inji.

Isufu:
Ni na ji an ce in kuruwa ta tsinke mota na gudu inji ya mutu gaba ɗaya, sai an sauke shi.

Nura Wayarin:
Waccan daban ce Isufu, ta distribisiyon, mai haƙora, wadda ke ɓoye cikin murfin roba. Ita ce a injuna da yawa in ta tsinke fistin ke dukan bawul. Ta dinamo a fili take, kana ganinta da buɗe kapo.

Mamman Hiyas:
Assalamu alaikum. Yanzu na shigo gari na tarar da zancen, kuma ba zan iya wucewa ban ce komai ba, don wannan hanyar ita ce gonata. Mushe, ka ji abin da ya same ni shekarun baya, lokacin ina jan wata Hiace mai injin 3L. Waɗannan kuruwa biyu ne tagwaye, masu siffar V, a jere suke jan dinamo da pompon ruwa. Ɗaya ta tsattsage, na ce wa mai gyara ya canza ita kaɗai, ɗayar ai da sauranta. Ya ce min ba a raba tagwaye, na ce kuɗina ne. Ashe sabuwar ta fi tsohuwar gajarta kaɗan, tunda tsohuwar ta saki ta kuma ci gefe. Sai sabuwar ta ɗauki kayan duka, tsohuwar tana ta rawa a banza. Mun wuce Tanut mun nufi Adarbisanat, rana tsaka, mota cike har sama, sai na ji fat, sannan wani bugu a ƙarƙashin kujera. Tsohuwar ce ta fita daga puli ta shiga ƙarƙashin sabuwar, suka tafi tare.

Abin da ban sani ba a lokacin, a wannan injin pompon iskar birki a bayan dinamo yake, dinamo ke juya shi. Na taka birki sau ɗaya ya ci, na biyu ya ɗan ci, na uku sai na ji kamar dutse nake takawa. Ga raƙuma suna tsallaka hanya a gabana. Da ƙafa da giya da birkin hannu na tsayar da ita, jikina yana ɓari. Mutum goma sha tara, har da mai jego. Awa biyar muka yi a gindin wata ƴar aduwa kafin wata mota ta zo da ke da sifiya. Ruwan shanmu ya ƙare tun awa ta uku. Har yau in na tuna fuskar jaririn nan sai in ji ba daɗi. Tun daga ranar ba na barin tasha sai da sababbi biyu a ƙarƙashin kujera da kile 12 da 14.

Hajiya Mariyama:
Innalillahi. Allah ya tsare gaba Malam Mamman.

Mushe Laminu:
Amin. Wannan labarin ya ishe ni. Sai da safe in sha Allahu.

Mushe Laminu:
Ina kwananku. Baba Ilu na yi yadda kuka ce, na gane ta. Na haska da tocilan waya. Bayanta sumul yake yana ƙyalli kamar an shafa mai. Na ɗan murɗo ta don in ga cikinta, layuka biyar ne, kuma duk sun tsattsage a gicciye kamar diddigen da hunturu ya kama. A tsawon yatsana ɗaya na ƙirga tsaga bakwai. Akwai wuri guda da ɗan guntun layi ya fita gaba ɗaya. Gefe ɗaya kuma zare ya fara fitowa. Amma abin mamaki, da na danna ta da babban yatsa a tsakiya, da ƙyar ta motsa. Tauri gare ta kamar tsirkiyar baka. To in ba ta saki ba, me ya sa take zamewa?

Baba Ilu Makanike:
Lafiya lau Malam. Ka duba da kyau, kuma tambayarka ita ce tambayar. Kuruwa ba da ɗauri kaɗai take kama puli ba, da fatarta take kamawa. Duk zamewar da ta yi zafi take haifarwa, zafin ya gasa robar ta zama kamar tangaran. Da zarar ta kai nan ko da me ka ɗaure ta ba za ta riƙe ba. Mu abin da muka taso da shi, in ka ga tsaga ta wuce uku a tsawon yatsa, ta gama aiki. Taka bakwai, ga gutsure, ga zare. Wannan ko Mirya ba zan bar ka ka je da ita ba.

Yanzu kuma taurin nan da ka faɗa ya sa ni tunani. A ƙa'ida, in ka danna tsakiyar inda ta fi tsawo da ƙarfin kamar kilo 10, ya kamata ta lotsa wajen santimita ɗaya. Sabuwa ƙasa da haka kaɗan, wadda ta yi aiki sama da haka kaɗan. Taka an ja ta fiye da kima har sau biyu, kuma wannan jan ba ita kaɗai ke shan sa ba. Rulman dinamo da rulman pompon ruwa, wato zoben ƙarfen da ke sa puli juyawa sumul, su ke ɗauke da shi dare da rana. In an cire kuruwar kada a yi gaggawar sa sabuwa. A juya kowane puli da hannu tukuna.

Abdu Taksi:
Ni dai a nan ina ganin laifin yaron garejin ne. Ya ga ta mutu ya yi ta ɗaurewa yana karɓar kuɗi.

Baba Ilu Makanike:
Kada mu yi saurin yanke masa. Yaro abin da aka nuna masa yake yi, kuma masu mota da yawa in ka ce a canza sai su ce so kake ka ci kuɗinsu, ɗaure kawai. Laifin na maigidansa ne da bai tsaya a kansa ba. Ni ma na taɓa zama yaron gareji.

Hajiya Mariyama:
Baba Ilu ina wuni, ku ba ni dama in sa baki da tawa matsalar tunda ana kai. Tawa Corolla ce ta 2005, ita kuruwa ɗaya ce doguwa ta zagaye komai. Bara na canza ta sau biyu cikin wata huɗu, kowane karo mai gyaran ya ce wadda aka sa jabu ce. Kukan bai daina ba, ba tsuwa mai tsawo ba, wani cik-cik-cik kamar ƴan tsaki. Na gaji da sayen kuruwa. A ƙarshe wani ya gano ashe abin da ke danne ta ne ya karkace. Abin da ya ɓata min rai, ba wanda ya tsaya ya yi min bayani, sai dai Hajiya kawo kuɗi. Mace in ta tambayi dalili a gareji sai a ga kamar ta cika bincike.

Baba Ilu Makanike:
Lafiya lau Hajiya. Kina da gaskiya, kuma haƙƙinki ne ki tambaya, motarki ce. Irin taki ba a ɗaure ta da hannu, tana da tander mai ja da kansa. Kile 19 ake sa masa a danne, kuruwa ta saki a zare. In ya gaji ko galensa, wato ɗan pulin da ke danne kuruwa, ya kwanta gefe, kuruwa goma za ki sa duk haka za su yi. Akwai gwajin da muke yi da ruwa zalla: inji na aiki, mutum ya tsaya nesa ya ɗan fesa ruwa a cikin kuruwar da gora mai huda a murfi. In kukan ya ƙaru, ɗauri ne ya yi kaɗan. In ya ɗauke na ɗan lokaci ya dawo, to pulin ne ba su kan layi ɗaya. Da an yi miki wannan tun farko da kuruwa ɗaya ta ishe ki.

Kuma masu irin motarki su sani, robar da ake yin kuruwoyin yanzu ba ta cika tsagewa kamar ta da ba. Sai ta cinye a hankali, layukan su sirance, ta nutse cikin puli, ido ya ga kamar lafiyarta lau. Kada a jira tsaga kaɗai. Kafin a zare irin wannan doguwar kuma a ɗauki hotonta da waya, don in aka manta yadda ta zagaya an shiga wahala.

Sale Mai Piyes:
Salam jama'a. Tunda an ambaci jabu bari mu ma ƴan kasuwa mu yi magana. Jabu akwai shi, ba zan musa ba. Sunayen da mutane suka yarda da su, Bando, Mitsuboshi, Gates, Dayco, su ɗin ne masu kwaikwayo ke bugawa a kwali. Amma sau da yawa mai mota ne ke cewa ba ni ta araha. Mushe, duba bayan kuruwarka ko lambar ba ta goge ba.

Mushe Laminu:
Ta dushe amma ana karantawa: 5PK970.

Sale Mai Piyes:
To shi ke nan. 5 ɗin yawan layuka ne, PK irin layin, 970 tsawonta a milimita. Duk shagon da ka shiga wannan lambar za ka faɗa, ba sunan mota ba, don Corolla iri-iri ce. Kada ka yarda a ce maka ga mai layi huɗu za ta yi. Za ta hau, amma ba za ta daɗe ba. Kada kuma ka karɓi wadda ta fi tsawo sosai, abin ɗaurin zai ƙure kafin ta kama. Sannan ka lura da inda aka ajiye ta. Wadda aka rataye a ƙofar shago ta sha ranar Afrilu da Mayu, ta sha ƙurar hunturu, ko ta gaske ce ta fara tsufa tun ba ta hau mota ba. Lanƙwasa ta baya ka duba layukan, in ka ga fari-fari ko ƙananan tsaga ka mayar. Ina da ita a cikin kwali, ka biyo ta Dole.

Isufu:
Ta okaziyo fa, irin wadda ake cirowa daga injunan Kwatano? Wasu sun ce ta fi sababbin kasuwa ƙarko.

Sale Mai Piyes:
Ƙarfe na okaziyo ina sayarwa da hannu biyu. Roba kuwa ba ka san shekarunta ba. Ban ba ka shawara ba.

Mamman Hiyas:
Ni na saɓa da kai kaɗan Sale. Na sha sa ta okaziyo ta asali ta fi wata sabuwar daɗewa. Sai dai ido ne, wanda bai iya dubawa ba gara ya bi taka.

Mushe Laminu:
Baba Ilu, wata tambaya, kuma ku gafarce ni in ta yi nauyi. Ina son in koyi canza ta da hannuna, saboda irin ranar da Malam Mamman ya faɗa. Amma ba na son ya zama na tsallake masu sana'a.

Baba Ilu Makanike:
Babu nauyi Malam. Mai motar da ya san motarsa shi ya fi daɗin aiki, ba ya zargin ka a banza. Sayo kuruwar ka zo garejina bayan azahar, kai za ka riƙe kile ni ina kallo. Amma bari in rubuta a nan don wasu su amfana.

Ka fara cire kan batir na baƙar waya da kile 10. Wayar nan mai kauri ta bayan dinamo kullum da wuta take ko mota a kashe, in kile ya haɗa ta da jikin inji za ka ga tartsatsin da ba ka taɓa gani ba. Dinamo a kan ƙusa biyu yake: babbar da yake lilo a kanta, ta kile 14, da ƙaramar da ke kulle shi a jikin ƙarfen ɗauri, ta kile 12. Sassauta su za ka yi, ba cirewa ba. Sannan ka warware doguwar ƙusar ɗaurin a hankali, ka tura dinamo wajen inji, kuruwa za ta yi laushi ta fita. In wata kuruwar ta tare ta a babban puli, sai an sauke waccan tukuna, kuma dama ce ta duba ita ma. Ka ɗora tsohuwa a kan sabuwa ka gwada tsawo da yawan layi kafin ka ci gaba. Ka kankare ramukan puli da buroshi, don a garin nan yashi da garin roba suna daskarewa a ciki, sabuwar kuruwa ta hau kansu ba ta zauna ba. In ka ga baƙin mai a wurin ka nemo inda yake tsiyaya, mai yana kumbura roba ya kashe ta da wuri.

Wurin sawa ba a ɗana ta da sukurdireba a tilasta, zaren ciki ake karyawa. Ta shiga da sauƙi, sannan a ɗaure. Inda mutane ke kuskure shi ne ƙasa, a babban puli inda ido ba ya kai wa. Sa hannu ka shafa ka tabbata layi biyar sun zauna a rami biyar. In ta tsallake rami ɗaya, kafin ka kai Takeita ta yage gefe. Ka ɗaure har ta kai lotsawar da na faɗa, ka kulle ƙusoshin biyu, ka mayar da kan batir, ka tada ta minti biyar, ka kashe ka sake dannawa. Sabuwa takan ɗan saki da ta ji zafi.

Mushe Laminu:
Jama'a barkanmu da yamma, ga yadda aka yi. Na karɓo kuruwa wurin Malam Sale na je wurin Baba Ilu. Da hannuna na cire ta. Na juya pulin dinamo, yana tafiya sumul ba ƙara. Da na kama na pompon ruwa na girgiza sai na ji yana ƙwas-ƙwas, yana motsi gefe da gefe. Baba ya sa ni na leƙa ƙarƙashinsa da tocila, ga wani farin busasshen abu kamar kanwa ya bi jikin inji, alamar ruwa ya daɗe yana ɗiga ta ƴar hudar pompon. Sai a lokacin na tuna kwanan nan ina ƙara ruwa a radiyata fiye da da, ban kawo komai a raina ba. Baba ya ce rulman ya tafi, in na sa sabuwar kuruwa a kansa zai iya kai ni Tanut, zai iya kuma watsewa a hanya. Gaskiya jikina ya yi sanyi, don albashi bai shigo ba, kuɗin da ke hannuna na mai ne da na barka.

Abdu Taksi:
Mushe ka sa kuruwar, ka ɗauki jarka biyu ta ruwa, ka tafi a hankali kana duba allura. In ka dawo ka canza pompo. Suna ba ya jira.

Mamman Hiyas:
A'a Abdu. Pompo in zai watse ba ya sallama, kuma in pulin ya kwanta sabuwar kuruwar ma fita za ta yi. Mushe, in gyaran bai samu ba ka kawo Inna da iyali tasha ranar Juma'a da sassafe, ni zan kai su, gidan gaba na Inna ne. Ba na son sisinka.

Hajiya Mariyama:
Allah ya saka da alheri Malam Mamman. Ni ma ina bayan kada a tafi da ita haka.

Sale Mai Piyes:
Mushe ina da pompon 4A mai kyau da gasket ɗinsa. Aiko yaro ya ɗauka gobe da safe, in wata ya ƙare ka kawo. Malamin ƴaƴanmu ne kai.

Baba Ilu Makanike:
To an gama. Gobe Alhamis kasuwa ce, Sale zai yi cunkoso, ka aika tun bakwai. Aikin pompo ba na koyo ba ne, wannan ni zan yi da kaina, don a wannan injin yana maƙwabtaka da murfin distribisiyon. Tunda za mu buɗe wurin zan leƙa waccan kuruwar ma in gaya maka halin da take ciki. Ta dinamo kuwa kai za ka mayar da ita.

Mushe Laminu:
Wallahi na rasa bakin godiya. Allah ya biya ku duka, ya rufa muku asiri.

Nura Wayarin:
Mushe ya biyo ta wurina ɗazu bayan la'asar. A kashe 12.4, batir ya ɗan sha wuya kwanakin nan amma zai farfaɗo a doguwar tafiya. Inji na aiki 14.1. Mun kunna manyan fitilu da fanka, ya tsaya a 13.9, ba tsuwa, jar fitila ba ta leƙo ba. Dinamonsa lafiya lau.

Abdu Taksi:
Baba Ilu, na buɗe tawa ɗazu na duba yadda kuka kwatanta. Ita ma ta yi ƙyalli, da tsaga. Ranar Asabar zan shigo.

Baba Ilu Makanike:
Allah ya kai mu. Ka taho da lambarta, kuma ka wanke sabulun da ke kan puli kafin a sa sabuwa.

Mushe Laminu:
Assalamu alaikum daga Tanut. Mun iso lafiya kafin sallar Juma'a, Inna tana gaishe ku duka, ta ce a yi wa Malam Mamman godiya ta musamman. Allurar zafi ba ta wuce tsakiya ba tun daga Damagaram. Na tsaya bayan mun wuce matatar mai na leƙa ƙasa, ba ɗigon ruwa. Yanzu da inji ya huce na danna kuruwar, na ga ta ɗan fi jiya lotsawa, kamar santimita ɗaya da ɗan ɗori. Baba Ilu, in taɓa ta ko in bar ta?

Baba Ilu Makanike:
Bar ta haka, daidai take, zaunawa ta yi. In ka dawo ka biyo in sa mata hannu. A gaida mai jego, Allah ya raya.